Lissafin Ma'aji

Naira miliyan biyu da 'yan kai,
abin da ya rage a asusu ke nan,
ga takardu goma sha ɗaya a kan tebur,
kowace da hatimi, kowace da buƙata.
Fanka ta tsaya tun azahar,
Birnin Kebbi na tafasa a waje,
mu biyar muna ɗiga gumi a kan alƙaluma.

Ta fari daga Jega ta fito,
'yan wasan kwaikwayo na Dantani.
Su ba su iya kuka ba. Lissafinsu tsaf,
rasit bisa rasit, har na ruwan leda.
Bara sau tara suka cika fili,
suna da janareta, suna da labule,
yanzu mota suke so, su kai wasa ƙauye.

Ta biyu da jan biro aka rubuta:
matan Yauri masu rubuta labari,
ɗaki guda, rufinsa rariya,
damina ta cinye musu kwali biyu na rubutu.
Gwamma ta sa hannu, ta ƙara a ƙasa:
"Ko kwano shida ne, mun gode."

Ta ƙarshe ba ta kai rabin shafi ba,
masu zanen ƙwarya na Bunza.
Da su talatin ne. Yau uku suka rage,
ƙaraminsu ya aurar da jika.

Malam Kakale ya ce a raba daidai,
kowa ya lasa, kada a zage mu.
Tsahara ta ajiye tabarau:
"Lasa ba ci ba ce, Malam.
Bara haka muka yi don kunya.
Wa ya warke? Nuna mini ɗaya.
Mai ƙarfi ya rame, maras ƙarfi bai tashi ba."
Ya ce, "To mu shayar da ƙosasshe?"
Ta ce, "Mu shayar da mai tatsuwa."
Aka yi shiru, sai kukan biro.

Ni kuwa Aliero na tafi a zuci,
garkar albasar mahaifina,
shekarar da rijiya ta ja baya.
Na gan shi tsaye da guga ɗaya,
yana duban fangali bakwai.
Bai yayyafa wa kowa ba don adalci.
Huɗu ya zaɓa ya ba su har suka ƙoshi,
sannan ya tsuguna cikin sauran
yana cirar masu sauran numfashi,
yana dasa su gefen masu ruwa.
Ban taɓa tambayarsa ba
me ya ji game da waɗanda ya bari.

La'asar sakaliya muka tsayar:
Jega ta ɗauki rabi, ba mota, sai haya,
da sharaɗin da na rubuta da hannuna:
cikin kowane wasa uku
ɗaya ya fito daga alƙalamin Yauri,
a biya su kafin a ɗaga labule.
Gwamma ta samu kwanonta, har da ƙusa.
Huɗu suka samu abin riƙe rai.
Biyar ba su samu komai ba.
Kakale ya sa hannu bai dube mu ba.

Ran Alhamis Baba Nomau ya iso,
tun daga Bunza, da jaka a hammata.
Na shirya magana tun dare,
na yi mata ado da "in Allah ya kai mu baɗi."
Bai bari na kai tsakiya ba.
Ya ce, "Yaro, na iya karatun fuska."
Ya zaro ƙwarya ɗaya, sabon zane,
kifi na bin kifi har suka haɗe,
ya ce ta kwamiti ce, ko an ba shi ko an hana.

Tana nan kan teburina.
Cikinta nake tara rasit ɗin Jega,
kuma suna zuwa, ba fashi, tsaf.
Lissafi ya fita. Na duba sau uku.
Sai dai duk ran da na miƙa hannu,
yatsana kan faɗa ramin zanen
ya bi kifin, ya bi kifin,
ya rasa inda zai tsaya.